Amsar da Inna Safara'u Ta Bayar

A wani ƙauye kusa da Miga, da wuya ka sami yaron da ya tashi a shekarun mulkin soja bai jiƙa wa Inna Safara'u zane ba. Mata in za su fadama ko kasuwa, sai su sauke goyonsu a tsakar gidanta su wuce. Babu mai biyanta, ita ma ba ta nema. Kunu take da shi, da baya mai faɗi, da faɗan da ko kaza ba ya korewa. Raino shi ne rayuwarta.

Haihuwarta ɗaya tak, Umar, direban motar haya a hanyar Ringim. Ga ta jinin Fulani, ga shi ɗan fari, don haka ba ta taɓa kiran sunansa ba, ba ta kuma amsa cewa nata ne a gaban mutane. "Wancan" take ce masa.

Shekarar da aka ƙaddamar da shari'ar Musulunci, wata ƙungiya ta gina gidan raino a ƙauyen, aka ce gari ya nuna wadda za a ɗauka aiki. Sharaɗin dai sai macen da ta haifa ta raina. Gari kaf ya nuna Inna. Malama Zulaihatu, jami'ar da aka turo daga Dutse, yarinya ce tashin birni, kullum cikin sauri. A gaban taro, ga Umar zaune yana kaɗa makullin mota, ta yi tambaya.

"Inna, kina da ɗa?"

Inna ta ja mayafi, ta sunkuyar da kai. "Babu."

Aka yi dariya ƙasa-ƙasa. Kowa ya san abin da ke nan, shi ya sa babu wanda ya ga dalilin yin bayani. Malama Zulaihatu kuwa ta rubuta amsar yadda ta ji ta. Da sakamako ya fito, sai ga sunan Murja, matar wani malamin firamare, baiwar Allah da ita ma ba ta yi wa kowa laifi ba.

Iyaye suka fusata, suka kai ƙara. Mijin Murja ya ɗauko lauya. Kotu ta sa aka rufe gidan rainon har a gama shari'a.

Alƙalin dattijo ne, ya san kunyar ɗan fari sarai. Shaidu suka tabbatar Umar ɗanta ne, har Inna ta fara jin sanyi a ranta. Sai lauyan ya miƙe.

"Allah ya gafarta malam, in ɗanta ne, to ƙarya ta yi wa masu zaɓe. In kuwa gaskiya ta faɗa, ba ta cika sharaɗi ba. Ta gaya mana da bakinta wanne za a riƙa."

Umar ya raɗa mata, "Inna, don Allah ki faɗa. Sau ɗaya kawai."

Ta buɗe baki, ta dubi maza cike da ɗakin, ta rufe. Wallahi ta so faɗa, harshen ne ya ƙi.

Aka ɗage zama, aka sake ɗagewa, daga baya magana ta koma Dutse. Damina ta zo ta wuce, ciyawa ta cinye ƙofar gidan rainon. Ran nan mai unguwa ya yi mata sallama.

"Inna, ki dakata da karɓar yara a gida. An ce za a iya cewa kin raina kotu."

Ko haka dokar take, ko ba haka ba, babu wanda ya sani a garin, kuma kowa na tsoro. Ta ce to.

Washegari da hantsi, Luba, 'yar shekara biyu, ta ƙwace daga hannun uwarta a hanyar fadama, ta rugo tana dukan ƙofar langa-langar da tafin hannu.

"Inna! Inna, buɗe!"

Inna na tsaye a bayan ƙofar, hannunta a kan sakata, hawaye na zuba. Ba ta ja ba. Tana nan tsaye har uwar ta zo ta saɓi yarinyar, kukan ya yi ta nisa har ta daina jin sa.