Malam Ishaya da kwana bakwai ɗin Rahila

Ina cikin juya waina a tanda da safen nan aka kira ni daga Jushi, wai Malam Ishaya ya tafi gida, ya rasu.

Wainar ta ƙone. Ban ma ji ƙaurin ba sai da maƙwabciyata ta shigo.

Waɗanda suka yi firamare a Samaru sun san shi, tsohon hedimastanmu mai biro a kunne. Ni kuwa tare muka yi ɓarna da shi, shekara kusan ashirin ke nan.

Ranar da na kai jikata Rahila makaranta, ya buɗe rajista ya ce, "Maman Yohanna, yaushe aka haife ta?" Na faɗa masa ba ko tantama. Ashe ranar suna na ba shi. To ni wace rana zan tuna? Ranar da na dafa shinkafa tukunya uku, ƴan zumuntar mata suka cika mini gida. Ranar haihuwar kam uwarta ce ta sha wuya, ba ni ba.

Kwana bakwai kacal. Suka bi yarinyar nan daga firamare har satifiket ɗin sakandare.

Bana ta samu makarantar nas. Wajen tantancewa aka ce takardar haihuwarta da katin ɗan ƙasa sun faɗi rana ɗaya, satifiket ya faɗi wata. Ko ta gyara kafin ƙarshen zango, ko a ba wata gurbinta.

Wani mai kwamfuta ya ce a kawo ya canza lambar, ba wanda zai gane. Har na yarda, kun san ni. Da Malam ya ji, ya ce, "Ko kusa. Birona ne ya rubuta, ta ƙofar gaba za mu gyara."

Mutumin da gwiwa ta hana hawa matakalar coci. Shi ya je tsohuwar makarantar, ya tono rajistar a sito, gara ta ci gefenta, ya nemo rubutun hannunsa. Ya sa sabon hedimasta ya rubuta wasiƙa. Ya shiga keke da mu har kotu a Sabon Gari don takardar rantsuwa.

Da aka miƙo mini Littafi Mai Tsarki, ya raɗa mini, "Yau dai ba tatsuniya, Maman Yohanna."

Na ce, "Kai ka rubuta, ni ake rantsarwa?"

Har ma'aikaciyar kotun sai da ta yi dariya.

Daga nan sanarwa a jarida, daga nan ofishin hukumar jarrabawa. Ya je, aka ce ya dawo, ya dawo, aka ce ya sake dawowa. Bai taɓa ɗaga murya ba. Ni ce mai faɗan, yana ja mini gefen zane.

Yanzu ga abin da ke cin raina.

Ranar Juma'a gyararren satifiket ya fito. Rahila ta kai makaranta, an karɓa, ta zauna daram.

Ranar Lahadi bayan sujada ya tare ni a bakin ƙofa da sandarsa. "Akwai labari?"

Na ɓata fuska na ce, "Shiru, Malam."

Tsokana ce. So nake Asabar mai zuwa in kai masa Rahila har gida cikin farin yunifom, da kwanon waina, in ga yadda zai yi.

Ya gyara riƙon sandarsa. Sannan ya ce, "Kada ki nuna wa yarinyar damuwa. Takardar za ta fito. In ba ta fito ba, ni na jawo mata."

Na bar shi ya tafi da wannan maganar. Ina ta murmushi a baya.

Malam, ta fito. Ba kai ka jawo ba, ni ce. Ka yafe wa wannan tsohuwa mai baki.

Ubangiji ya ba ka hutu a wurinsa, ya ta'azantar da Mama Saratu matarka da yaranku, cikin sunan Yesu.

Duk wanda ya karanta, Kirista ko Musulmi, ya sa shi a addu'a. Ni ma ku sa ni, yamman nan zan je in faɗa wa matarsa.