Faɗuwar Baba a Falonmu

Ku matso kusa in ba ku labarin surukina, mahaifin maigidana. Zamanin da talabijin ba ta da kala, shi ɗan wasan barkwanci ne a Kaduna, kuma gwanintarsa guda ce, faɗuwa. Zai shigo da babbar riga yana taƙama, ya taka bakin rigar, ya wuntsila, hula ta yi gabas shi ya yi yamma, ya miƙe ya ci gaba da gaisawa da mutane kamar ba shi ba.

Da muka ɗauko shi zuwa garin Hyattsville a Amurka, har direbobin Nijar sun gane shi a shagon da nake sayen garin tuwo. Mutum ɗaya ce ba ta taɓa yi masa dariya ba, 'yata, jikarsa, mai shekara tara. Yakan kira ta amaryarsa, irin wasan kaka da jika, ita kuwa ta amsa da Turanci ta juya. Abin yana cinsa. Ya taɓa ce min ya sa gari guda dariya, ga shi yarinya ɗaya ta gagare shi.

Wata Asabar da hantsi ina suyar ƙosai, sai na hango shi da babbar riga. Ya ratsa falo ta gaban 'yata, ya taka bakin riga, ya wuntsila kan kafet. Shekara tamanin da ɗoriya, amma wallahi ko kofi bai ture ba. Ya lumshe ido yana jiran dariya.

Ashe a makaranta an koya musu abin yi idan tsoho ya faɗi. Kafin in kashe murhu ta kira motar asibiti.

Ma'aikatan asibiti suka zo su uku da gadon ɗaukar marar lafiya. Baba yana rantsuwa lafiyarsa ƙalau, ni ina fassarawa da guntun Turancina. Babbarsu, wata doguwar mace, ta ce in tambaye shi yadda aka yi ya faɗi.

"Ce musu su ja baya su gani," in ji Baba.

Ya gyara hula, ya sake wuntsilawa. Hular ta tashi ta sauka tsakiyar gadon nasu. Ya miƙe yana yi musu sannu da zuwa ɗaya bayan ɗaya, har da tambayar iyali. Doguwar matar ta riƙe ciki don dariya. 'Yata, hawaye bai bushe mata ba, dariya ta ƙwace mata har ta zauna a ƙasa.

"Kaka, sake," ta ce, da Hausa kuwa.

Gwiwarsa ta kwana uku a kumbure. Maigidana ya hana faɗuwa a gidan nan, ya ce ni zan sa ido. Yanzu duk Asabar, yana fita aiki sai in ji su biyun suna jan tebur gefe suna raɗa. To ku faɗa min, in kai ƙara, ko in ci gaba da suyar ƙosaina?