Mutumin da ya riƙo Baba mahauci

Jama'a, yau sai da na yi hawaye a wurin aiki!

Kun san aikina a asibiti nan Garwa, sa wa kowane ciwo lambarsa a dosiye, wato fayil ɗin mara lafiya. Sai ga wani tsohon mahauci daga garin Figil yana ɗingishi, wani magidanci na riƙe da shi. Babur mai ƙafa uku ne ya buge shi shekarun baya, har yau ƙafar na ciwo.

Na ce, "Baba, ɗanka ne wannan?"

Ya yi dariya. "'Yata, ai shi ne direban da ya buge ni!"

Mutumin ya sunkuyar da kai.

Baba ya dafa kafaɗarsa. "Tun ranar bai bar ni na zo asibiti ni kaɗai ba. Ƙafa ɗaya ya karya min, ya ba ni nasa biyu."