Malmalar Dutse Mai Tsaye

Ni ba ni da haƙurin dogon labari, amma na Kaka ba a tashi a bar shi. A ƙauyenmu kusa da Godogodo, da an gama tuwon yamma sai ta jawo kujera bakin murhu, mu jikoki mu kewaye ta. Mama 'yar zumuntar matan coci ce, ba ta son wannan zama, sai ta shige ɗaki tana tsaki.

A bayan gari akwai wani dogon dutse a tsaye, ya fi mutum tsawo, ba a san wanda ya kafa shi ba. In aka yanke sabuwar acca, ba mai sa ta a baki sai an kai wa dutsen malmalar farko. Ina shekara tara na karya dokar. Ana tuƙa tuwon, na faki ido na lashi muciya.

Ran nan Kaka ta ba mu labarin wata mata da ta riga dutsen ci. "Ta ci kwano ɗaya, ba ta ƙoshi ba. Ta ci biyu. Ta cinye rumbun mijinta tas, tana ramewa kamar kara. Ciki a cike, rai ba komai. In ta kwanta sai ta ji ana jan wani abu mai nauyi a ƙasa, girrr, har ƙofar ɗakinta."

"Kaka, ai dutse ba shi da ƙafa," na ce.

"To, in ya zo sai ki gaya masa."

Nan take cikina ya yi ƙugi, ga shi na ci na ƙoshi. Na fashe da kuka. "Na lasa! Mutuwa zan yi?"

"Makwaɗaiciya," in ji ta. "Kina tsammani ban san muciyata ba?"

Da safe ta ɗora mini malmala biyu a kwano, ta ce in kai wa dutsen ni kaɗai. Na ajiye a gindin dutsen. Ban gama juyawa ba na ji motsi. Wani busasshen hannu ya miƙo daga bayan dutsen, ya ja kwanon. Na zura da gudu ina ihu.

Sai da na girma na gane. Kafin acca ta nuna, rumbunan wasu sun daɗe da ƙarewa, su kuma gara su mutu da su yi roƙo. Hannun mutum ne, ɗan garinmu. Wannan ya fi tsorata ni yanzu. Cikin waɗanda nake durƙusawa ina gaisarwa kowace safiya, akwai wanda yunwa ta mayar haka, kuma har yau ban san ko wane ne ba.