Ranar da Zarami Ya Ajiye Gora

Yagana 'yar Guri ce, tun tana budurwa take bandar kifi. Mijinta Zarami masunci ne. Auren soyayya suka yi, har ana tsokanarsa a unguwa cewa ba ya iya cin tuwo sai tana zaune gabansa.

Shekararsu biyar da aure ya sayi waya mai ɗaukar hoto. Da farko ita ma ta ji daɗi, ta riƙa gyara ɗaurin ɗankwali. Amma abin ya zarce. Abinci ya huce yana neman inda haske ya fi kyau. In ta ɗauko hira sai ya ce, "Tsaya haka, kada ki motsa." Ranar da garwashi ya ƙone mata hannu, sai da ya ɗauki hoton ƙunar kafin ya ce mata sannu. Ta haɗiye, ba ta gaya wa kowa ba.

Wata damina ruwa ya shigo musu gida. Da hantsi suka shiga kwalekwale da 'yarsu Adila mai shekara uku, za su tsallaka tudu wajen mahaifiyar Yagana. Suna tsakiyar ruwa sai garken agwagin ruwa ya tashi. Zarami ya ajiye gorar tuƙi, ya zaro waya.

"Baban Adila, ruwan nan yana jan mu."

"Yanzu, yanzu."

Kwalekwalen ya juya, ya nufi wani kututturen da ruwa ke dūka. Adila ta tsandara ihu.

"Baban Adila!"

Ko waiwayowa bai yi ba. Yagana ta danne yarinyar tsakanin gwiwoyinta, ta wawuri gorar ta kafa. Kafaɗarta ta yi ƙara, amma ba ta saki ba. Suka goga jikin kututturen suka wuce, ruwa ya kwararo musu har idon sawu. Sai a lokacin ya sauke wayar.

Da suka taka tudu ta goya 'yarta, ta wuce gidan mahaifiyarta ta bar shi nan. Wata biyu ta yi a gidansu. Sau uku yana zuwa biko da kawunsa, sai a na ukun ta fito.

"Zan koma," ta ce wa kawun, "amma ba zai ƙara tuƙa 'yata ba."

Ta koma ɗin. Zarami bai daina hoto ba, ya dai rage. Har yau kafaɗar Yagana tana yi mata ciwo in hadari ya haɗu, kuma ba ta iya ɗaga kwandon kifi da hannun dama.