Hanyar da Ke Bayan Luru

Ana idar da sallar asuba muka bar Tasawa, mu uku cikin wata tsohuwar mota: ni, Innata, da abokina mai motar. Ku da kuka dame ni da tambayar me ya ramar da ni cikin kwana uku, to ku saurara, amma kada wanda ya yi mini dariya. Buhun hatsi biyu za mu kai wa yayar Inna a wani ƙauye gaba da Isawan, don labari ya iso mana cewa farin bana ya kai su ga cin anza da ganyen jiga.

Inna ta ɗauko lurun mahaifinta. Kakan nawa masaƙi ne, kuma ya saƙa ƙasar nan kaf a jikin bargon: baƙin zare hanya, jan zare gari, farin ƙulli rijiya. Kafin ya rasu ya ja kunnen kowa cewa fuskar lurun ake dubawa, bayansa kuwa garuruwan da ke ciki ba namu ba ne. Ƙanen Inna, kawuna, a farin da aka yi shekarun baya ya wuni yana kallon bayan, ya ɗauki gorar ruwa ya fita. Har yau. Ni dai mushen lakwal ne, wato malamin makarantar boko, duk wannan a wurina tatsuniyar tsofaffi ce.

Hanyar Mayahi ta gaji, mu ma ta gajiyar da mu. Gonaki fayau, karan hatsin bai wuce gwiwa ba ya bushe a tsaye. A bariyar shiga Mayahi, wato shingen bincike, soji suka sauke mu, suka karɓi takardu, suka soki buhunan, suka warware lurun suna neman ko me, oho. Da suka sallame mu Inna ta kakkaɓe shi ta ninke ciki waje, yadda mata ke yi wa zane mai daraja don kada ƙura ta ci fuskarsa. Na gani da idona, ban riƙe ba.

A kasuwa muka karya. Ƙosai ya koma kamar ƙwayar gujiya, har abokina ya tambayi mai suyar ko maganin likita take sayarwa. Wani Bafillace yana yawo da saniya ƙashi da fata yana neman mai ba shi hatsi ya ɗauka, ba wanda ya ko ɗaga kai.

Muna wuce Isawan yashi ya binne hanya. Rana ta take, Inna ta yi gyangyaɗi. Abokina ya ce in tashe ta ta duba mana hanya a lurun, na ce haba, mutumin da ke koya wa yara taswira a allo shi ne bargo zai gagara? Na zare lurun daga cinyarta, na buɗe shi yadda yake a ninke. Ga Isawan, ga baƙin zare, ga wani gawo. Na ce masa, "Bi hagu."

Ba mu yi nisa ba na ji ƙamshin ƙasar da ruwa ya daka. Muka hau tudu muka gangaro, sai ga hatsi kore shar, ya fi motar tsawo, zangarniya kamar damtsen mutum. Ruwa kwance a fadama, shanu sun yi ɓul-ɓul. Abokina ya fara hamdala, sai kuma ya leƙa ta taga. Ya ce, "Mushe, dubi inuwar motar." Arewa muka nufa, azahar ta gota, ya kamata inuwa ta faɗi dama. Tana hagu.

Muka shiga wani gari mai rumbuna cike. Masallacinsu yamma yake kallo. Mutane suka fito suna murmushi, kowa ya ɗaga mana hannun hagu. Mata na daka, ba ka jin ƙarar taɓarya. Na sunkuya na dubi abin da ke cinyata: ƙulle-ƙulle, bakin zare na reto. Bayan lurun nake karantawa tun daga Isawan.

Motar ta tsaya, Inna ta farka. Wani saurayi ya taho da ƙwaryar fura. Ban taɓa ganin kawuna ba sai ina ƙarami, amma na san tabon ƙunar da Inna ke yawan faɗi a kuncinsa na dama. Ga tabon nan, a hagu. Bai ƙara ko shekara ɗaya ba.

Ya ce, "Yaya, kin daɗe. Taho ki sha hura."

Kafin in kama ƙofa Inna ta dira, matar da sai an tallafe ta take hawa mota. Ta bi shi gefen rumbu tana kuka tana kiran sunansa. Na yi ta kokawa da ƙofata da ta cije, na fita ta taga. Na tarar ya miƙa mata ludayi da hannun hagu, ita kuma ta kai shi baki. Na buge ludayin, na sungume ta. Tana dukan ƙirjina tana cewa, "Sake ni, ɗan nan! Ka ga ƙanena a ƙoshe, ina za ka kai ni?"

Na jefa ta cikin mota, na juya lurun fuska sama, na daka wa abokina tsawa ya ja da baya, kada ya juya. Haka muka bi sawun tayarmu da baya muna karanta duk abin da ya zo bakinmu. Ba wanda ya bi mu. Suna tsaye kawai suna ɗaga hannu, kawu a gaba yana murmushi, kuma wannan ya fi bi tsorata ni. Muna hawa tudun zafi ya buge mu, ga yashi, ga mushen jaki. Ban taɓa murnar ganin mushe ba sai ran nan.

Mun kai hatsin kafin la'asar, ba mu faɗa wa kowa komai ba. Kashegari muka juyo. A bariyar Mayahi sojan da ya karɓi takarduna jiya ya miƙo mini su da hannun dama, saura kaɗan in rungume shi. Muka kama hanyar Tasawa. Na tambayi Inna sau uku ko ta haɗiyi furar nan, ta kau da kai.

Abin da na koya shi ne takardar lakwal ba ta ba ni ikon buɗe abin da tsoho ya ce a rufe ba, kuma laifin nawa ne ni kaɗai. Lurun yana ƙasan akwatina da kwaɗo biyu. Amma tun da muka dawo Inna ba ta neman abinci, kuma ba ta ramewa, har kumatu ta yi. Yau da safe na shiga gaishe ta, ta yi mini murmushi, ta miƙo mini kofin ruwa da hannun hagu. Ita da ta taɓa marina ina yaro don na karɓi goro da shi.