Mai Gurasa da Tarihin Garinsu

A shekarata ta biyu a jami'a, a Madina, aka haɗa ni ɗaki da wani ɗan ƙabilar Pashtun, daga wani ƙaramin gari a cikin duwatsun da ke tsakanin Pakistan da Afganistan. Dogo ne, fari, gemunsa kullum yana ƙyallin mai. Hadisi yake karanta, amma babu abin da yake ƙauna a duniya kamar labarin gidansu. Kafin mu yi wata guda tare na haddace sunayen kakanninsa tara a jere, ba don ina so ba.

Tsautsayi ya sa ya gane ina da saurin buga Larabci a kwamfuta. Ya ce yana rubuta tarihin garinsu, in taimaka masa don Allah. Na yarda. Kullum bayan la'asar sai ya kishingiɗe a kan gado, ya rufe ido kamar wani babban shehi, yana faɗa ina bugawa.

A cewarsa, kafin kakansa na tara ya sauko daga dutse da takobi babu komai a kwarin sai duwatsu da diloli. Shi ya kafa garin, ya raba gonaki ga 'ya'yansa huɗu, daga su unguwanni huɗu suka fito. Su ne masu ƙasa, su kaɗai ke magana a taron dattawan da suke kira jirga. Muka shafe makonni muna bin waɗannan gidaje huɗu: wanda ya harbi wane, wanda ya rama bayan shekara da shekaru, wanda ya yanka wa baƙi raguna har suka kasa tashi. Rannan na gaji, na tambaye shi ko babu mai sana'a a garin nasu. Wa ke yi musu aski, wa ke ƙera musu garma?

Ya buɗe ido ɗaya. "Akhi, ɗan'uwana, rubuta: akwai kuma wasu da ke zaune a inuwarmu, maƙera da masaƙa da wanzamai da mahaƙa rijiya. Sa aya."

Na sa aya. Jimla ɗaya ke nan ta ishi rabin mutanen gari.

Wata Juma'a da safe na ja shi unguwar Bani Harisa, inda wani ɗan garinmu yake zaune, muka tsaya sayen wake da tamis, wato gurasar nan mai faɗi da ake mannawa a jikin tanda. Mai gurasar dattijo ne, wuta ta ƙone gashin hannuwansa tas. Na saba saye a wurinsa, ban taɓa tambayar inda ya fito ba. Abokin ɗakina yana waya da yarensu a cikin layi, sai na ga dattijon ya saki ƙarfen da yake ciro gurasa da shi. Ya sauko daga dandamalin tanda, ya rungume abokin nawa, yana magana yana hawaye. Ashe garinsu ɗaya, a karin harshe ya gane shi.

Abokin nawa ya yi fara'a har zuwa lokacin da ya tambayi dattijon ɗan gidan wa ne shi. Da ya ji amsa, a kan idona ya ja da baya, ya gyara rigarsa. Dattijon ya shimfiɗa tabarma a bayan shago, ya kawo shayi, ya ce mu zauna. Abokina ya ce yana sauri. Babu saurin da muke yi, sai bayan sallar Juma'a ake jiranmu.

A hanya na ce masa, "Mutumin nan ya haife ka."

Ya ce, "Mahaƙa rijiya ne. Ubansa a bakin ƙofarmu yake cin abinci. Ba za ka gane ba."

Na gane sarai. A unguwarmu ma akwai gidajen da ba ma neman aure a cikinsu, kuma babu wanda zai iya kawo maka aya a kan haka. Amma ban taɓa ganin mutum mai kwana da littattafan hadisi, mai kuka a salla, ya ƙi shan shayin tsoho a garin Manzon Allah saboda sana'ar uban tsohon ba.

Na koma ni kaɗai bayan kwana biyu, da hantsi, lokacin da ciniki ya lafa. Na ce, "Baba, ba ni labarin garinku." Larabcinsa na kasuwa ne, amma ya isa. Ya ce kwarin nasu ba shi da kogi. Ruwan da garin ke sha daga gindin dutse yake zuwa ta wata hanya a ƙarƙashin ƙasa, mai rijiyoyi a jere a kanta, kuma danginsa ne suka haƙa ta tun kafin masu takobi su zo. Maƙabartarsu ce mafi tsufa a garin. Duk bazara su ke shiga ramin su yashe shi, a ciki ƙasa ta rufta wa ƙanin kakansa. In an zo rabon ruwan ban-ruwa kuwa, su ne na ƙarshe. Bai faɗi wannan da ɗaci ba. Har yabon kakan abokina ya yi, ya ce a shekarar wata yunwa ya buɗe rumbunsa ga kowa.

Na buga abin da na ji, shafi guda, na nuna wa abokin ɗakina. Ya karanta yana taɓe baki.

"Ina isnadinsa, wa ya ruwaito daga wa? Ba a ɗaukar tarihi daga bakin mai gurasa."

Na ce, "Naka isnadin fa? Duk abin da na buga maka, daga kawunka ka ji shi, shi ma a wurin shan shayi."

Ya goge shafin da hannunsa. Ni kuma na ce yatsuna sun gaji. Da yatsa biyu ya ƙarasa littafin, yana lalube kamar kaza tana tsince gero, har ƙarshen zango. Ya kai shagon ɗab'i aka yi masa koren bango da rubutun ruwan zinariya, ya bi ɗakuna yana rabawa ɗaliban da ba su san ko a wace nahiya garin yake ba.

Labari ya kai wa dattijon. Ya roƙe ni in kawo masa littafin in karanta masa wurin da aka ambaci mutanensa, don shi ba ya karanta Larabci sai Alƙur'ani. Na je da shi. Kunya ta kama ni, sai na buɗe tsakiya na shiga zuba masa labarin ramin ruwa daga kaina, kamar a rubuce yake. Ya saurara kaɗan, ya ɗaga hannu.

"Ɗana, wannan maganata ce. Ɗan gidan can ba zai rubuta haka ba. Karanta mini abin da ya rubuta."

Na nemo jimlar na karanta. Ya jira ko akwai saura. Da ya ga na rufe littafin, sai ya ce, "To, madalla," ya yanko ƙullu ya shiga faɗaɗa shi. Ya tambaye ni ko in sa mini cuku a gurasata yau.

Abokin ɗakina ya gama karatu ya koma gida. Na ji an ba shi limanci, har yana zama a taron dattawa. Bara sai ga saƙonsa a waya, da doguwar sallama da addu'o'i, wai yana ba ni izinin fassara littafin zuwa Hausa domin 'yan'uwa na Najeriya su amfana. Ya ƙara da cewa ba sai na sa sunana ba, don ikhlasi ya fi. Ina cikin motar haya zuwa Harami lokacin da na karanta, na yi dariyar da ta sa direba ya dube ni ta madubi. Na rufe saƙon, na mayar da wayar aljihu.